Ciyawar da Ba a Yanka da Wuƙa

Anti Angelina yayar mahaifiyata ce, kuma tunda nake ban taɓa jin ta ce ba ta iya wani abu ba. A Fankshin aka haife ta, ta tashi tana saƙar faifai da tabarma a wurin kakarta. Da ta zo Greensboro a Amurka ta yi shekara shida tana ɗaga kwali a wani sito da ke Wendover, har bayanta ya ce ya gaji, sai ta koma kula da tsofaffi a gidajensu. Bakinta ya sa an sauya mata gida sau uku. Na huɗun ne ta daɗe, gidan wata tsohuwa 'yar Ayalan mai suna Nuala, can Summerfield.

Nuala tana da shekara tamanin da bakwai, yatsunta duk sun kanannaɗe da ciwon gaɓɓai. A ƙarshen Janairun bara ɗanta ya gama shirin mayar da ita gidan tsofaffi, ya sa ranar uku ga Fabrairu. Tsohuwa ba ta yi gardama ba. Abu ɗaya ta roƙa, a bar ta ta yi Imbolc a gidanta.

Anti ta ga kalmar a kalanda, ta karanta ta yadda aka rubuta. Nuala ta gyara mata, ta ce a garinsu ba a furta harafin "b" na tsakiya, "Imolg" ake cewa. Ta ce biki ne na ɗaya ga Fabrairu, lokacin da hunturu ya raba tsakiya, tumaki sun fara kawo nono. Tun kafin Kiristanci ya isa ƙasarsu ake yin sa, daga baya ranar ta zama ta Waliyya Brigid. A jajibiri ake saƙa ƙaramin gicciye da ciyawar bakin ruwa, a rataya a saman ƙofa. Tun tana shekara bakwai ba ta taɓa tsallake shekara ba, bana kuma hannu ya ƙi.

"Saƙa ce kawai?" in ji Anti. "Mama, kin zo gidanta."

Ranar jajibiri da hantsi Anti ta ɗauki wuƙar kicin ta gangara bakin tafkin da ke bayan gidan. Ta yanko dami guda, gindin a jere tsaf kamar yadda kakarta ta koya mata, ta dire shi a kan tebur tana jiran yabo.

Nuala ta juya gindin ciyawar, ta ture damin gefe. Ta ce ba a sa ƙarfe, da hannu ake tugewa.

Anti ta ba ni labarin nan da kanta, kuma har yanzu in ta zo wurin sai ta ɗaga murya. "Ke, ni da na yi shekara ashirin ina yankan kaba! Na ce a raina yau zan kira ofis in ce su nemo wata, aikin gidan nan ya ishe ni." Har ta ɗauki waya. Sai ta ga tsohuwa ta jawo sili ɗaya tana ƙoƙarin lanƙwasa shi, yana zame mata, tana sake ɗauka. Tausayi ya kama Anti, ta ajiye wayar ta sa takalmi.

Tuge ciyawa a cikin laka mai sanyi ba wasa ba ne. Ta dawo gwiwoyinta jiƙe, tafin hannunta ya yi ja. Suka zauna, Nuala na faɗa da baki, Anti na yi da hannu: a ninka sili biyu, a juya, a ƙara wani. Na farko ya fito a karkace. Anti ta ce laifin bayani ne, ta warware ta sake. Na biyun ya tsaya daram da hannuwansa huɗu, ta ɗaure bakinsu.

Nuala ta riƙe shi a cinya. Sannan hawaye ya zubo mata.

"Ya yi kyau," in ji ta. "Amma gata ba ni da ƙofar da zan rataya shi."

"Mama, inda za a kai ki, ta taga ake shiga?"

Tsohuwa ta yi dariya har da tari.

Ranar tafiya ba ranar aikin Anti ba ce, amma ta bi motar ɗan a baya da tata, gicciyen na cikin jakarta a naɗe da tawul. A gidan tsofaffin wata ma'aikaciya ta ce ba a buga ƙusa a bango. Anti ta ce ta sani, ta fito da zare. Ta jawo kujera ta hau, da wannan bayan nata mai ciwo, ta ɗaure shi a maƙalar labulen da ke saman ƙofa. Ko akwati ba a buɗe ba tukuna. Nuala tana zaune a keken guragu a bakin ɗakin, ta ƙi a tura ta ciki sai da ta ga ya daina lilo.