Katin da Ezra Cattermole Bai Aika Ba

Ezra Cattermole ba mutumin littafi ba ne, bai kuma taɓa cewa shi ne ba. Aji huɗu ya yi a makarantar ƙauyenmu na Marlsett, daga nan ya shiga gonar Gooderham, bai fito ba sai da ciwon gwiwa ya fitar da shi yana da shekara sittin da ɗaya. Gajere ne mai faɗin kafaɗa, ba ya son hayaniya, ba ya ƙarya, kuma duk abin da aka ba shi a rubuce sai ya bi shi sau da ƙafa. Wannan hali na ƙarshe shi ya fi ci wa matarsa Keziah tuwo a ƙwarya. Ta sha faɗa a kanti cewa da za a rubuto masa ya daina numfashi, a buga hatimi a ƙasa, da tuni an yi zaman makokinsa an watse.

Yana da wa guda ɗaya, Obed, wanda ya ba shi shekara shida. Obed ne mai kula da dawakin noma a gonar, aikin da ya gada a wajen ubansu. Bayan an gama yaƙi Gooderham ya sayo tarakta, ya tara ma'aikata ya ce wa zai koyi tuƙi. Ba wanda ya fito, abin ya yi wa Ezra nauyi, ya ɗaga hannu. Kafin shekara ta zagayo dawaki sun rasa aikin yi. Ranar da babbar mota ta zo kwashe su, jar goɗiyar Obed ta kafe ta ƙi hawa, Obed kuma ya ƙi taɓa linzaminta. Gooderham ya ce Ezra ya ja ta. Ezra ya ja ta, ta bi shi salin-alin domin ta san hannunsa. Ba wanda bai san mayanka motar ta nufa ba.

Washegari da safe Obed yana jingine da ƙofar shingensa, a bakin hanyar da Ezra ke bi zuwa gona. A wajenmu mai wucewa ne ke gaida na tsaye, ko wane ne babba. Ezra ya zo dab da shi, kunya ta kama shi, ya sunkuyar da kai ya wuce. Rana ta biyu ta fi ta farko wuya, bayan mako guda kuwa abin ya zama jiki. Ba su taɓa zagin juna ba. Coci ɗaya suke zuwa, gawar uwarsu ma tare suka ɗauka, ɗaya a gaba ɗaya a baya. Haka suka kwashe shekara goma sha tara, manyan mutane biyu masu gashin baki, kuma Allah ya sani garin nan ya gaji da su.

Da Ezra ya bar aiki, zaman gida ya ishe shi, shi kuma ya ishi Keziah. Ita ce ta gano wata sanarwa a gidan waya: wasu masu haɗa ƙamus na tsoffin kalmomin yankin suna neman masu sa kai. Ta rubuta sunansa ba ta ko shawarce shi ba. Bayan mako biyu sai ga ƙunshin fararen katuna daga wata Miss Thurlow a birni, da takardar dokoki. A kowane kati za ka rubuta kalmar, da ma'anarta, da sunan wanda ya faɗe ta da shekarunsa, da maganar yadda ta fito daga bakinsa. Dole kunnenka ne ya ji, ba a karɓar an-ce-ka-ce. Haramun ne ka sa wa mutum kalma a baki ko ka ɗana masa tarko. Naka bakin kuma ba shaida ba ne. Ezra ya karanta dokokin sau uku, ya liƙa takardar a bango kusa da agogo, ya sayi fensir biyu.

Aikin ya karɓe shi. Yakan zauna a kanti ko a bakin maƙera, hula a gwiwa, yana saurare. Mutane suka fara tauna magana a gabansa. In tsohuwa ta yi tuntuɓe ta yi tsaki, sai ta waiwaya ta ce, "Ka rubuta, Ezra, kar ta huce."

A shekara ta biyu Miss Thurlow ta aiko da jerin kalmomin da ba a samu mai rai yana faɗinsu ba. Duk wadda ba a kawo mata shaida ba kafin ƙarshen Satumba, za a buga ɗan gicciye a gefenta a cikin littafin, alamar ta mutu. Ezra ya bi jerin da yatsa, bai san yawancinsu ba, bai kuma damu ba. Sai yatsan ya tsaya a kan seel.

Kalmar uwarsu ce. Da ita take auna shekara: seel ɗin ciyawa shi ne lokacin yankanta, seel ɗin sha'ir lokacin shukarsa. In ubansu ya makara wajen dawowa abinci ya huce, takan ce mutumin nan ba shi da seel. In za a kai amarya, takan riƙe hannunta ta yi mata fatan seel, wato sa'a da zaman alheri. Gaisuwar da mai wucewa ke yi wa na tsaye kuwa, a bakinta ba gaisuwa ba ce kawai, ba shi seel ɗin yini ne, kuma hana mutum wannan ya fi hana shi ruwa muni. Miss Thurlow tana da duk waɗannan ma'anoni daga tsoffin littattafai, sai dai marubutan duk suna kushewa. Ezra ya ji kamar an ce za a sake binne uwarsa, wannan karon ba tare da an gayyace shi ba. Ya ce a ransa sai inda ƙarfinsa ya ƙare.

Ya fara da tsohuwa Mrs Ablett, mai shekara casa'in da ɗaya. Ya sha shayinta kofi uku yana kewaye-kewaye, yana taka tsantsan kada ya karya doka.

"Iya, lokacin nan da ake yankan ciyawa, me ake ce masa?"

"Yuni."

"A'a, ina nufin a da, zamanin ƙuruciyarku."

"A da ma Yuni ne. Kai Ezra, lafiyarka kuwa?"

Ya zaga ƙauyuka huɗu a kan keke da gwiwarsa mai ciwo. Wasu sun san kalmar, yana ganinta a idonsu, amma ba ta saukowa baki. Satumba ta kama, katin yana nan fari fat a aljihunsa. Ya daina cin abincin kirki.

Ranar nan Keziah ta dangwara masa farantin dankali da naman alade, ta tsaya a kansa ta riƙe ƙugu.

"Wai duk wannan ramar a kan seel ne?"

Fensir ya fito kafin ta rufe baki.

"Mayar da shi, malam. A jerinka na gani, ba ta shiga lissafi, ni ma na iya karanta bango. Amma akwai mai faɗinta kullum safiya."

"Wa?"

"Yayanka."

Keziah ba ta taɓa shiga gabar ba. Tun da matar Obed ta rasu, duk Asabar sai ta kai masa gasasshen abinci.

"Me yake cewa?"

"Da ka wuce sai ya dubi karensa ya ce, ga shi can, yau ma bai ba ni seel ɗin yini ba. Ya faɗa wa mai madara, ya faɗa wa mai wasiƙa, ya faɗa mini har na haddace. Shekara goma sha tara kai ne ke raya kalmar nan, ba ka sani ba."

"An-ce-ka-ce ne wannan," in ji Ezra.

"To je ka ji da kunnenka, ai ba haya ka ba da shi ba."

Ga inda gizo ke saƙar: Obed ba ya buɗe baki muddin Ezra na kusa. Sai ya yi nisa sannan maganar ke fitowa. Ezra ya yi tunani kwana biyu, ya sake duba bango, bai ga inda aka hana laɓe ba. Da safe ya wuce ƙofar Obed kamar kullum, kai a ƙasa, ya sha kwana, ya kutsa ta gonar albasa, ya durƙusa a bayan shingen ƙaya, tsoho ɗan shekara sittin da uku. Raɓa ta jiƙa masa wando. Ya kasa kunne.

Can Obed ya yi gyaran murya ya ce wa karen, "Ka ga, an samu wani tsohon bushiya a shingen nan. Bar shi, ba ya cizo. Ba ya ma magana."

Kwana uku Ezra yana wannan sintiri. Ya ji labarin farashin ƙwai, ya ji ra'ayin Obed game da sabon fasto, ya kwaso mura. Kalmar ba ta fito ba.

Ranar ashirin da tara ga wata ya sa hular zuwa coci, ya ɗauki sandarsa, ya bi hanya. Obed yana jingine inda ya saba, ya rame, gashin ya yi fari tas. Ezra ya daɗe bai dube shi ido da ido ba, abin ya sosa masa rai. Ya tsaya. Ya cire hula.

"Barka da asuba, Yaya."

Obed ya dubi sama kamar mai duba hadari, ya dubi kare, sannan ya dubi ƙanensa.

"Barka kadai. Shekara goma sha tara, sai yau ka ga damar ba ni seel ɗin yini."

Ta fito sarai, da rana tsaka, daga bakin mai rai ɗan shekara sittin da tara. Hannun Ezra ya tafi aljihu da kansa, ya zaro kati da fensir. Obed ya bi hannun da kallo.

"Keziah ta gaya mini tun makon jiya," in ji shi. "Ni ka zo gaisarwa, ko kalmar?"

Ezra ba ya ƙarya.

"Kalmar ce ta fito da ni daga gida," ya ce. "Amma tun ranar goɗiyar nake son tsayawa a nan. Ban san yadda ake yi ba ne."

"Cire hula ake yi, a buɗe baki. Ko jaki ya iya rabinsa." Obed ya ja hanci. "Da ma ba wanda goɗiyar za ta bi sai kai ko ni. Gara da ta tafi a hannun da ta sani. Rubuta abinka, in rubutawar za ka yi."

Ezra ya dubi katin. Ya san gaisuwar nan tarko ce ya ɗana, doka kuma ta hana. Ya kuma san in katin ya shiga akwatin wasiƙa, Obed zai ci gaba da tambayar kansa wa aka zo gaisarwa har ya koma ga Allah. Ya mayar da fensir. Katin kuwa ya miƙa wa wansa, Obed ya juya shi gaba da baya, ya naɗe shi ya toshe wata kafa a jikin ƙofar inda iska ke shiga.

"Akwai shayi," in ji Obed. "Ba sukari. Ka rage tsawo."

Da Keziah ta ji bai aika ba, sai da ta zauna. Ta ce ta auri mutumin da ya yi wata biyar yana farautar abu, abin ya faɗo masa a cinya, ya ce ba a yanka shi daidai ba. Ta faɗi haka, ta shiga ɗakin girki ta daɗe tana fyace hanci.

Daga ranar kullum sai Ezra ya tsaya a ƙofar. Ba wata hira suke yi ba, yawanci maganar ruwan sama ce da lalacewar samarin zamani. Bayan shekara uku littafin ya fito, Miss Thurlow ta aiko masa da nasa, da sunansa a cikin waɗanda aka gode wa. Ya kai wa Obed, ya buɗe shafin, ya nuna masa. Obed ya kawo ido kusa.

"Wannan ɗan gicciyen fa?"

"Sun ce ta mutu."

"Yaushe?"

"Shekara uku ke nan."

"Ikon Allah. Ba wanda ya zo ya gaya mini." Ya rufe littafin ya miƙa masa. "Gobe ka zo da wuri. Seel ɗin ciyawa ya kama, ina son wanda zai riƙe mini dutsen washi."

Obed ya ƙara shekara huɗu yana faɗin kalmar, Ezra yana ji da kunnensa, bai rubuta ko sau ɗaya ba. Ya rasu a watan Maris, ana shukar sha'ir. Ezra ya ɗauki gaban akwatin gawar duk da gwiwarsa, ya ƙi yarda a karɓe shi. Da suka dawo daga maƙabarta bai cire takalmi ba, ya sauko da littafin daga kan kanta, ya buɗe shafin ya daɗe yana kallo. Keziah ta kawo masa shayi ta tambaye shi me yake nema.

"Ba komai," ya ce. "Kuskure ne a ciki, yau ya gyaru."