Ɗigon Tawada na Ƙarshe a Birnin Mantau

Shekarun baya, lokacin da tsofaffi ba su saba da sabon sunan ƙasar ba, suna ta cewa Dahomey, ina sabon ma'aikaci a sashen Hausa na wani gidan rediyo a Parakou. Aka ce kowa ya kawo shiri na al'ada. Ni kuwa ina da abu a hannu, ko haka na zata: labarin marubucin Birnin Mantau, wanda kakata ta wajen uwa take bayarwa a Djougou.

A birnin nan, kowa yakan farka da asuba ya manta sunansa da na iyayensa. Mutum ɗaya ke riƙe da garin, marubuci. Kullum da yamma yakan rubuta sunan kowa a allo, ya wanke, ya ba shi ya sha, sai gari ya waye uwa ta san ɗanta. Nasa sunan yake rubutawa a ƙarshe. Ina yaro na sha jin labarin, amma ban taɓa kai ƙarshensa ba, barci ke kwashe ni. Mahaifiyata ma ta ce haka ta yi ta fama.

Shef ɗinmu, shugaban sashen, ya ba ni rakoda da mota da direba, da sharaɗin su kwana a Parakou. Muka isa Djougou da hantsi, muka tarar da kakata tana feraye doya.

"Maigida, yau da ƙarfe ka zo zance?" in ji ta. "Ina cefanena?"

Na gaya mata abin da ya kawo ni. Ta ajiye wuƙa.

"Ba a tatsuniya da rana. Mai yi ɓata yake."

Na gyara murya irin ta masu karanta labarai, na ce ai wannan ba tatsuniya ba ce, tarihi ne.

"In tarihi ne, ina kabarinsa?"

Direba ya yi dariya har da riƙe ciki. Na yi ta lallashi. Can ta ce, "To, rayuwarsa zan ba ka, don kada a ce na kunyata mijina gaban baƙo. Ƙarshen kuwa sai rana ta faɗi."

Ta bayar, zaren rakoda yana juyawa. Ta kai inda itacen da ake samun tawada ya bushe, marubuci ya karkata tulu ya ga saura ɗigo ɗaya, na suna ɗaya tak. Ga tsohuwar uwarsa zaune a gabansa. In ya rubuta nata, zai farka bai san shi marubuci ba ne, ba mai neman wata tawadar, garin ya tafi ke nan. In ya rubuta nasa, za ta farka ta dube shi kamar baƙo.

A nan ta tsaya, ta ɗauki wuƙarta.

"Kaka, sai me?"

"Sai ka kwana."

Direba ya nuna mini rana. Na ce zan dawo in kwana. Ta ce Zugu, wato Djougou, ba ta tafiya ko'ina.

Damina ta shigo, hanya ta lalace, aiki ya yi yawa. Kafin in sami izinin kwana da rakoda, saƙo ya zo cewa an tsinci kakata a kasuwa, tana tambayar mutane hanyar gidan da ta yi aure a cikinsa tun tana budurwa. Likita ya ce tsufa ne, kuma na yarda da likita. Da na sami izini na koma Djougou, ƙanwar mahaifiyata ta dubi rakodar, ta kau da kai.

An yi mata rubutu, an wanke, ta sha. Ban ga wani canji ba.

Bayan magariba na zauna kusa da ita na kunna na'ura. Ta kira ni malam, ta tambaye ni daga ina. Na ce daga Parakou. Na ce, "Kaka, rana ta faɗi." Sai fuskarta ta washe, ta gyara zama, ta ce, "Ga ta nan, ga ta nanku."

Gaba ɗaya gidan muka amsa, "Ta zo mu ji ta."

Ta dube mu ɗaya bayan ɗaya, tana murmushi, tana jiran wanda zai bayar.

Ta rasu kafin wata daminar. Na bi tsofaffin unguwarsu, na bi na unguwar Guéma a Parakou, inda na tashi. Wasu sun san birnin, ba wanda ya san abin da marubucin ya zaɓa. Abokina a wurin aiki ya ce in ƙirƙiro ƙarshe in saka, wa zai gane? Na gwada. Duk wanda na rubuta, muryata nake ji a ciki, mai tsabta, ba ta kowa ba. Shirin bai fita ba.

Mutane suna so in ce wannan ya koya mini kada a jinkirta. Wataƙila. Abin da na sani shi ne na yi aikin magana har na yi ritaya, kuma maganar da na fi so in ji ba ta iso ni ba. Zaren yana nan, an mayar mini da shi kaset. In na kunna, marubuci yana riƙe da alƙalami, uwarsa tana gabansa, sai ƙarar wuƙa a jikin doya, sai muryar kakata tana cewa in kwana.