Shekarar da Hamisu ya ce in jira

Bana shekara tara ke nan da rasuwar ƙanena Hamisu, wanda ya yi shekaru yana karanta hasashen yanayi a talabijin bayan labaran yamma, tsaye gaban taswira da 'yar sanda a hannu. Ni malamin firamare ne a Azare, ina da gona a hanyar Gadau. Ban cika kallon shirinsa ba, domin in ina son sanin wani abu, waya nake yi masa.

Wata shekara ruwan farko ya sauka da wuri, ƙasa ta jiƙu sosai. Washegari maƙwabtan gonata suka fita shuka. Ni kuwa na kira shi.

"Yaya, ka jira," in ji shi. "Bisa abin da muke gani, ruwan zai ɗauke na wajen mako uku. Iri zai ƙone a ƙasa."

Da yamma ya maimaita haka a talabijin. Na jira. Wasu a unguwarmu ma suka jira, don sun ga yayansa bai fita ba. Ruwa bai ɗauke ba. Ko da muka shuka, geron maƙwabta ya kai gwiwa, damina kuma ta janye namu yana cikin fitar da kai. Abin da na ɗaure bai cika rabin rumbu ba. Malam Buba, wani dattijo cikin waɗanda suka bi ni, sai da ya sayar da bijimin huɗarsa ya ciyar da gida.

Tun kafin girbi Hamisu ya tsaya gaban taswirarsa ya ce, "Na gaya muku za a yi fari, ba a yi ba. Duk wanda ya jinkirta shuka saboda maganata, ya yafe mini." An ce shugabansa ya ja masa kunne a kan haka. Bayan kaka ya zo gida, ya ce in raka shi zauren Malam Buba. Dattijon ya saurare shi har ya gama.

"Ruwa na Allah ne, Malam," in ji shi. "Na yafe. Amma baɗi ba zan tambaye ka ba."

Ni ma ban sake tambayarsa maganar ruwa ba har ya rasu. Ba faɗa muka yi ba. Ya lura, bai taɓa tayar da maganar ba.

Yanzu kowa na da hasashen a wayarsa. 'Ya'yana kan duba su ce gobe akwai hadari. In bai zo ba, su ɗaga kafaɗa. Ina jin da Hamisu yana raye, zai yaba da na'urorin yau, don ya sha kuka da ƙarancin kayan aiki. Abin da zai tambaya shi ne, in waya ta yi kuskure, wa ke zuwa zauren manomi?

Na nemi kaset-kaset ɗin shirye-shiryensa a gidan talabijin, aka ce an naɗi wasu abubuwa a kansu. Sau nawa ya yi daidai, ban ƙirga ba, kuma ba wanda ke tunawa. Abin da ya rage mini shi ne yadda ya cire takalmi a ƙofar wannan zaure, ya zauna a ƙasa, ya ce shi ya yi kuskure. Na gwada yin haka a gidana sau biyu ko uku. Abin ya fi yadda ya nuna wuya.