Goggo Rimuy, Wadda Ta Kai Masaƙa Gadon Kakata

Kafin hazo ya bar duwatsunmu, Goggo Rimuy ta zauna a ƙasa, ta tokare kututturen masaƙa da ƙafafu, tana buga zaren rama tana faɗa da kajinta. Haka muka taso muka same ta. Bana ƙugu ya ce ya gaji, ta naɗe kayan aiki. To, ni kam ba zan yi shiru ba.

Mu 'yan ƙabilar Atayal mun gaji imanin cewa macen da ba ta yi saƙa ba, ba ta haye gadar bakan gizo zuwa wurin magabata. A bakin gadar ake duba tafinta, a ga ko jan rini ya kama. Kakata Pitay kuwa ba ta taɓa yin saƙa ba. Tana yarinya 'yan sandan Japan suka hana ƙauyenmu saƙa da zanen fuska, suka raɗa mata Kikue. Da suka tafi, gwamnatin da ta zo daga Sin ta laƙaba mata wani sunan. Suna uku, tafin hannu fari fat!

Da ciwo ya kwantar da ita sai ta ƙi abinci. "Wa zai gane ni can?" take cewa. "Uwata ma wuce ni za ta yi." Abin ya ci mini rai ƙwarai. Muka yi lallashi, fasto ya yi nasa, a banza.

Sai ga Goggo Rimuy da masaƙa a goye, tana haki.

"Tashi, tsohuwa! Lalaci ne wannan, ba ajali ba."

"Ke Rimuy, rashin kunyar har gadona? Yatsun nan sun mutu."

"Bakin dai da ransa. Kama nan!"

Duk daminar nan tana hawo tudu, ta jingina Kaka a ƙirjinta, su rina zare tare, su saƙa. Abin da ya fito ɗan ƙyalle ne karkatacce. Na ce a gyara, Goggo ta harare ni: "Taɓa ki gani. Nata ne." Ranar da aka yanke shi, Kaka ta ɗaga tafinta ja wur, ta ce, "Ina kunun geron nan? Yunwa za ku kashe ni da ita?"

Goggo, ke ce masaƙiyar da ba a hana ta. Ke ce kika mayar wa mace abin da gwamnati biyu suka kasa mayar mata. Mun gode, mun gode!

Ku da kuke da tsofaffi a gida, ku tambaye su abin da aka hana su, ku kai musu tun da sauran numfashi. Kaka ta rasu da kakar gero. Wasiyyarta ɗaya ce: kada kowa ya wanke mata hannu.