Rumbun da Aka Ɓoye Ni

Ranar wata Talata ce da hantsi, an gama shigar da dawa, shekara guda kafin sojoji su fara karɓe mulki. Ina tsugune gindin turmi ina tsince tsakuwa daga cikin gyaɗa, sai ga Baba ya faɗo gida ko sallama babu, ya ce da kakata Iya, "Sun iso ƙofar mai unguwa, da malamin da dogarin." Kafin in miƙe ya sungume ni, ya taka tsani, ya ɗaga murfin babban rumbun ƙasa da ke bayan ɗakin Iya, ya zura ni ciki ta ƙafa. Ya ce in na kuskura na yi tari sai ya saɓa mini. Ya mayar da murfi. Shekarata bakwai. Na zauna kan zangarniyar gero, ƙaiƙayi yana cin wuyana da bayan gwiwoyina, ƙwari suna bin ƙafata, ga wani zafi kamar cikin tukunya. Haske bai fi tsinin allura ba, ta wata tsaga. Ta nan na hango takalmin baƙo yana zagaya tsakar gida, na ji Iya tana rantsuwa wai na tafi wajen dangin uwata a Ajingi. Sai bayan la'asar aka ciro ni, jikina duk ya yi rudu-rudu, Iya tana shafa mini man shanu tana cewa, "Allah ya tsare mana ke."

Abin da aka tsare ni daga gare shi kuwa makarantar boko ce. A ƙauyenmu, can gefen Kademi, haka ake yi duk shekara. In masu ɗibar yara suka zo, sai a jera yaran unguwa, kowa ya ɗora hannu bisa kansa ya kamo kunnensa na ɗaya gefen. Wanda ya kamo ya isa shiga. Mai gata ba ya ma zuwa layin, yana cikin rumbu, ko ƙarƙashin gadon kara, ko an tura shi rugar Fulani da sunan karɓo nono. Wanda ba shi da kowa shi ake kamawa. A shekarar nan ƙawata Kande aka kama. Ubanta ya rasu, uwarta ba ta da rumbun da zai ɓoye ko ɗan akuya. Na ga mata da idona suna shiga gidansu jaje, kai ka ce gawa aka fitar.

To, ni mai gata sai na ci gaba da abin da na sani. Surfe da asuba, ɗiban ruwa a rijiyar gindin tsamiya, kai abinci gona, roron gyaɗa bayan an cire, kiwon tumakin Iya. Kande kuwa ta bi hanyar Kademi da 'yar jakarta ta tsumma, mu muna bin ta da waƙar tsiya, ni ce ma kan gaba, ba zan ɓoye ba. Da yamma in mun zauna carabke sai ta ture duwatsun ta riƙa zana wasu ƙugiyoyi a ƙasa, ta ce wannan ne sunana. Ran da Iya ta gani, da tafin ƙafa ta shafe, ta ce kada a sake kawo mata wannan cikin gida. Ban ƙara kallo ba. Ni yarinya ce mai jin magana, abin da ya ci ni ke nan.

Ina da wajen shekara goma sha biyu Kawu Ilu, ƙanen mahaifiyata, ya zo daga Kano da akwatin rediyo ya ba Baba. Shi aikinsa hawa turakun waya. Ba a yi wata biyu ba rediyon ya yi shiru. Aka shanya batir a rana kamar yadda kowa ke yi, shiru. Aka bubbuga masa baya, shiru. Da Baba ya tafi gona na ɗauko wuƙar yankan kuɓewa na kwance bayansa. Ni dama tun ina ƙarama ba na magana da yawa, kallo nake yi, kuma na ga yadda Kawu ya buɗe shi sau ɗaya. Na bi wayoyin nan ɗaya bayan ɗaya kamar mai bin yaɗon kabewa, har na iske wata ja siririya ta rabu da mazauninta. Na sa ƙusa a murhu ta yi ja, na taɓa 'yar dalmar da ke wurin, ta narke ta kama. Rediyo ya buɗe baki da kiɗan kalangu, Iya ta zubar da ƙwaryar tsakin kaji don firgita. Na zaci duka zan sha. Baba ya juya akwatin nan ya sake juyawa, ya ce, "Hansai, ke kika yi?" Daga ranar duk wanda rediyonsa ya mutu, har daga Balan, gidanmu ake aiko shi. Ina jin ƙarar da yake yi na san inda ciwon yake.

Da Kawu ya sake zuwa ya ga aikina, sai ya zaunar da ni a kan tabarma ya ce wannan abu ai hanyoyi ne da shi, ba ɗaya ba. Akwai irinsu masu jan waya daga gari zuwa gari. Akwai masu buga tangaraho, saƙo ya tashi Kano ya riga mota isa Ikko. Akwai masu tafireta. Akwai kuma mata, mata fa kamar ni, suna zaune gaban wani allo mai ramuka da abin ji a kunne, su ciro waya nan su soka can, sai mutum biyu da ba su ga juna ba su yi magana. Ya ce a bayansu akwai masu gyaran allon in ya lalace, amma bai taɓa ganin mace a ciki ba. Na ce to ni nan nake so. Ya yi dariya har da buga cinya. Ni ban yi ba. Tun daga ranar ko daka nake, ramukan nan nake gani.

Shekarar da aka koma naira, Kawu ya aiko cewa za a zo Gaya ɗibar 'yan mata a kai su Kano koyon haɗa waya. Na ɗauka Baba zai hana. Bai hana ba, shi ya ɗauke ni a bayan kekensa, yana gaya wa duk wanda muka gamu da shi inda za mu. Mu bakwai muka zauna a kan benci, har da Kande, ta gama aji bakwai. Wani dattijo mai tabarau ya riƙa sa mana abin ji a kunne, a faɗi lambobi cikin hayaniya, ka maimaita. Wasu suka yi ta inda-inda. Ni ban zubar da ko ɗaya ba, ya ƙara tsawo, na kawo. Ya cire tabarau ya dube ni ya ce, "Madalla da wannan kunne." Sai ya turo takarda da biro. Ya ce in rubuta sunana da ajin da na gama.

Na riƙe biron nan kamar muciya. Hannun da ke kama wayar da ba ta kai gashin doki kauri ba, ya tsaya. Na yi ta neman ƙugiyoyin da Kande ta zana mini a ƙasa, ba abin da nake gani sai tafin ƙafar Iya. Kande ta matso ta ce a hankali, "Kawo in rubuta miki, ƙawa." Dattijon ya girgiza kai. Bai wulaƙanta ni ba, ya dai ce aikin duk kiran da aka haɗa sai an rubuta shi, ba yadda zai yi. Kande aka ɗauka da wasu biyu.

Ba mu koma gida ba sai da Baba ya biya da ni makarantar Kademi, ya cire hula gaban shugaban makarantar, abin da ban taɓa gani ya yi wa wani ba. Malamin ya dube ni, na kusa kai shi tsawo, ya ce ina zai zaunar da wannan cikin 'yan shekara bakwai. Jiya na yi ƙanƙanta an ɓoye ni, yau na yi girma. Muka turo keken a ƙasa har gida. Baba bai ba ni haƙuri ba, iyayen da ba sa yi. Amma da masu ɗibar yara suka dawo, da kansa ya kama hannun ƙanwata Mairo ya ɗora mata bisa kai. Rumbun nan kuma bai ƙara zuba masa ko dami ɗaya ba, yana tsaye fanko har damina ta uku ta kayar da shi.

Na yi aure kamar kowa, na haifi tara, na gyara rediyon maƙwabta har idona ya gaza. Kande ta yi aikinta a Kano har ta ajiye, in ta zo gida takan riƙe hannuna ta daɗe ba ta saki ba. Yanzu jikata Rukayya, wadda nake faɗa tana buga wannan a na'urarta, ta zo tana yi mini ƙorafi wai kanta ya kulle. Ko ta karanci gyaran kwamfuta, ko rubuta manhaja, ko tsare bayanan mutane daga ɓarayin waya, wai hanyoyin sun yi mata yawa. Na ce rufe mini baki, ki zaɓi ɗaya ki shiga, in ba ta yi ba ki fito ki shiga wata, wa ya riƙe ki? Ta yi dariya, ta ce Kaka kin fiye faɗa. Ba faɗa ba ne. Har gobe in na ji warin tsohon gero sai numfashina ya tsaya, in ji wuyana yana ƙaiƙayi.

Ni murfi ɗaya aka ɗora mini, kuma don ana so na aka ɗora shi.