Sati Uku Tsakanin Adda Hamsatu da Roda

Yayata Adda Hamsatu malamar firamare ce a cikin garin Mubi, kuma ba ta iya ɓoye abin da ke ranta ba. Idan ta ji haushin mutum, ko gaisuwarta sai ta nuna.

Rana ɗaya aka ba su takardar ɗaukar aiki ita da ƙawarta Roda, makaranta ɗaya, taku kaɗan daga gidanmu. Adda ta kama aiki washegari, don ita komai sai ta riga kowa. Roda kuwa ta tafi Sahuda jinyar mahaifinta, sai bayan sati uku ta sa hannu.

Shekara goma suna cin abincin rana a kwano ɗaya. Sai ga sabon tsari daga gwamnati: duk malamin da ya cika shekara goma a gari, za a tura shi ƙauye. Ranar da aka ƙirga, Adda ta cika har da rarar sati ɗaya. Roda saura sati biyu. Aka tura Adda Betso, aka ba Roda ajinta.

Roda ta zo har gida.

"Hamsatu, wallahi ba hannuna a ciki. Ni ma na ga jerin sunayen ne kawai."

"Na sani," in ji Adda. Ko ruwa ba ta ba ta ba.

Tun daga nan Adda take sammako, ta bi babur, inda hanya ta ƙare ta taka da ƙafa. Da damina takalminta a hannu. Idan ta dawo ta hango Roda tana tafiya gida a hankali da lema, zanenta tsaf, sai abincin dare ya gagare ta. Kishi ne tsagwaronsa, kuma na gaya mata.

Ta ɗauki lauya, wani Barista Nehemiah, suka shigar da ƙarar gwamnati a Yola. Wata takwas ana zirga-zirga. Ranar hukunci alƙali ya ce ya tausaya mata, amma tsara inda malamai za su koyar aikin gwamnati ne. Kotu tana duba ko an karya doka ko an nuna bambanci ne, kuma bai ga ko ɗaya ba. Ko da tsarin bai yi masa daɗi ba, ba hurumin kotu ba ne ta sauya shi da nata.

A mota Adda ba ta yi kuka ba. Cewa ta yi, "Ba komai. Jerin baɗi da sunan Roda a sama."

Har ta fara nema wa Roda ɗaki a Betso, wai taimako.

Jerin bai fito ba. Aka dakatar da tsarin, aka ce waɗanda aka riga aka tura su zauna inda suke.

Na raka ta wurin lauya. Ya saurare ta, ya ce amsar ba za ta canza ba: yadda kotu ba ta hana su kawo tsarin ba, haka ba za ta hana su ajiye shi ba.

"To Malama, in rubuta wa hukuma roƙo a dawo da ke?"

Adda ta girgiza kai.

"Barista, na saba da Betso. Yaran ma suna sona. Ni ba dawowa nake so ba. So nake a kawo Roda."