Gashin Velika Mai Launin Kesten

A ƙauyensu da ke gindin dutsen Belasitsa, kudancin Bulgariya, Velika ce kaɗai a ajinsu gashinta ba baƙi ba. Jaja-jaja ne mai duhu, in rana ta haska shi sai ka ce tagulla. Yara suka laƙaba mata “Tsatsa”. Da ta zama budurwa sai ta riƙa ɗaure kai tamau, ko da zafi ko da sanyi.

Wata shekara da kaka, ana tsintar 'ya'yan kesten a daji, waɗanda ake gasawa a ci, reshe ya fizge mata ɗankwali. Blagoi mai saran itace ne ya ciro shi, amma bai miƙa mata ba.

“Ke kuwa, me ya sa kike ɓoye wannan?”

“Me za a kalla a tsatsa? Ba ni abina.”

Ya sunkuya ya ɗauki ƙwayar kesten, ya goge ta a hannun riga har ta yi sheƙi, ya kara ta da gashinta.

“Duba da kanki. Kestenyava ake ce wa irin wannan, wato mai launin kesten. Kakana ya ce a bakin Turkawa muka ji sunan itacen, su kuma a bakin Girkawa. Shekarar yunwa shi ya riƙe ƙauyen nan.”

“To, sannu malam. An bar gatari an koma koyarwa?”

Ta karɓi ɗankwalin, sai dai a aljihu ta cusa shi. Kafin wata kakar an ɗaura musu aure.

Suna da 'ya'ya uku itace ya faɗo wa Blagoi, ya rasa ƙafa. Velika ta ɗauki nauyin gidan: noman taba da bazara, gasa kesten a kasuwar garin Petrich lokacin sanyi. Shi kuwa zaman banza ya ishe shi, ya koyi girki, ya koyi kitso. Kullum da safe kafin ta fita, sai ya zaunar da ita ya taje mata kai yana mita wai ba ta zama wuri ɗaya. Haka suka yi har furfura ta rufe su, har ya riga ta gidan gaskiya.

Yanzu hannunta na rawa, matar ɗanta ce ke taje mata.

“Mama, kin sha wahala,” in ji ta wata rana.

“Na sha, 'yata. Amma Allah ya haɗa ni da mutumin kirki, na gode masa. Ja a hankali, kina ji min ciwo.”